Wa Ya Koya wa Manomin Rasha Karatu?

Akwai wani labari game da ilimi a ƙasar Rasha wanda ya daɗe yana yawo a duniya. Gajere ne, yana da daɗin ji kuma. An ce a zamanin sarakuna talakawan ƙasar suna cikin duhun kai, sarki da firistoci sun hana su haske domin su ci gaba da juya su yadda suka ga dama. Sai ga juyin mulki na 1917, sabuwar gwamnati ta ɗaura yaƙi da jahilci, cikin shekara ashirin ta koya wa ƙasa duka karatu. Wannan labari ya iso Afirka ta Yamma ta bakin Rediyon Mosko, wanda yake da sashen Hausa a wancan zamani, da kuma ta bakin ɗaliban Nijar da Ghana da Kamaru da Nijeriya da suka yi karatu a Tarayyar Sobiyet, waɗansu a jami'ar da aka buɗe a Mosko a 1960 wadda aka sa wa sunan Patrice Lumumba. Hukumar UNESCO ma ta yi ta ba da lambar yabo ta yaƙi da jahilci da sunan Nadezhda Krupskaya, matar Lenin, daga 1970 har zuwa 1992.

Labarin yana da alƙaluma a bayansa. Bisa ga ƙidayar jama'a, cikin mutanen da ke tsakanin shekara 9 da 49, kashi 28 cikin 100 ne suka iya karatu a 1897. A 1926 sun kai kashi 57, a 1939 kuwa kashi 87. Ci gaba ne babba, ba mai musunsa. Amma a tsakiyar shekarun 1980 waɗansu masanan tarihi biyu na Amurka suka koma ga shekara hamsin ɗin da suka gabaci juyin mulkin, suka yi tambayar da labarin ya tsallake: kafin gwamnati ta iso ƙauye da allo da alli, me mutanen ƙauyen suke yi? Amsarsu ce abin dubawa a nan, gama ta shafi duk wanda yake kallon makarantun wata ƙasa da niyyar ya kwaikwaya.

Littattafan biyu

Na fari shi ne na Jeffrey Brooks, When Russia Learned to Read, watau lokacin da Rasha ta koyi karatu, wanda ya fito a 1985. Na biyu na Ben Eklof ne, wanda ya koyar da tarihi a Jami'ar Indiana, Russian Peasant Schools, watau makarantun manoman Rasha, wanda ya fito a 1986. Dukansu sun fara daga 1861, shekarar da Sarki Alekzanda na Biyu ya 'yantar da manoma fiye da miliyan 20 waɗanda suke ɗaure ga gonakin iyayengiji kamar bayin gandu. Eklof ya tsaya a 1914, Brooks a 1917.

A 1864 aka kafa majalisun gunduma da na lardi waɗanda ake kira zemstvo. Zaɓaɓɓu ne, ko da yake masu manyan gonaki ne suka fi ƙarfi a ciki, aka kuwa ba su ikon karɓar haraji domin hanyoyi da asibitoci da makarantu. Waɗannan majalisu sun ɗauki ma'aikata masu ƙidaya, suka bi ƙauyuka gida gida suna rubuta yawan dawaki da gonaki da yaran da ke makaranta. Kundayen da suka bari, haɗe da rubuce-rubucen malamai da ƙidayar makarantu ta yini ɗaya da aka yi ran 18 ga Janairu 1911, su ne tushen aikin Eklof. Brooks kuwa ya bi ta kasuwa. Ya tattara ƙananan littattafai da jaridu masu arha da talakawa suke saye, irin waɗanda manyan malamai suka raina, ya zauna ya karanta su.

Makarantar da ba ta cikin takardar gwamnati

Abu na fari da Eklof ya nuna shi ne, makaranta ta riga majalisa shiga ƙauye. Bayan 1861 ƙauyuka da yawa sun ɗauki malami da kansu ba tare da izinin kowa ba. Wani lokaci tsohon soja ne da ya koyi karatu a bariki, wani lokaci mai hidimar majami'a, wani lokaci wata dattijuwa mai ibada. Ladansa hatsi ne da ƙwai da 'yan kuɗi kaɗan, yakan ci abinci a gidajen almajiransa bi da bi, ɗakin karatun ma yakan tashi daga wannan gida zuwa wancan. Tsarin karatun daɗaɗɗe ne: a fara da baƙaƙe, a wuce ga littafin addu'o'i, a sauke da Zabura, duka cikin tsohon harshen sujada na Ikilisiyar Otodoks, wanda ya bambanta da harshen da ake magana da shi a gida.

Sa'ad da zemstvo suka shiga aikin, sau da yawa irin waɗannan makarantu suka tarar, suka ƙara musu kuɗi, suka sa su cikin rajista. Ƙauye ne yake ba da ɗaki da itacen wuta da mai gadi, a wurare da dama har da wani kashi na albashin malami, haka abin ya kasance har wajen shekarun 1890. Saboda haka idan rahoto ya ce an buɗe sabuwar makaranta a shekara kaza, mai yiwuwa ne tsohuwar makaranta ce ta sami suna. Wannan gyara ƙarami ne a ido, amma ya juya labarin. Masu rubuta tarihin zemstvo sun ba majalisu yabo, masu rubuta tarihin Sobiyet sun ba jam'iyya, Eklof kuwa ya nuna cewa mai gatari da garma ne ya fara sa hannu a aljihu.

Kuɗin gwamnatin tsakiya mai yawa ya zo a makare. Dokar 3 ga Mayu 1908 ce ta ware rubul 390 a shekara domin kowane rukunin yara 50, aka kuma shirya taswira yadda ba yaron da zai yi tafiyar da ta wuce kamar kilomita 3 zuwa makaranta. Ƙidayar 1911 ta sami makarantun firamare wajen 100,000 da 'yan makaranta fiye da miliyan 6. Dokar tilasta wa kowane yaro zuwa makaranta ba ta wuce majalisar ƙasa ba har sarauta ta faɗi. Duk da haka a wurare da yawa ana mayar da yara gida don rashin wurin zama, abin da ya nuna cewa masu nema sun fi kujeru yawa.

Abin da uba yake so

Babban ƙarfin littafin Eklof yana cikin babobin da ya duba yadda yara suke shiga da yadda suke fita. Makarantar zemstvo ta shekara uku ce, malami ɗaya yana riƙe da aji uku a ɗaki guda. Ana buɗewa bayan an gama kaka, ana watsewa da zarar ƙanƙara ta narke aikin gona ya taso. Aji ɗaya yakan cika maƙil, aji uku kuwa 'yan tsiraru ne, gama yawancin iyaye sukan janye yaro bayan sanyi na biyu. Malamai da masu duba makarantu sun rubuta kuka mai yawa a kan wannan, suna cewa manomi bai san darajar ilimi ba.

Eklof ya karanta waɗannan alƙaluma ta wata fuska. A ganinsa uban ya yi lissafi ne. Yana so ɗansa ya iya karanta takardar yarjejeniya kafin a sa hannu, ya gane abin da ke cikin takardar izinin tafiya ci-rani, ya rubuta wa ɗan'uwansa soja wasiƙa, ya yi lissafi kada ɗan kasuwa ko magatakardan gunduma ya cuce shi, ya kuma karanta Zabura a majami'a da kan gawa kamar yadda al'adarsu take. Sanyi biyu sun isa ga wannan. Shekara ta uku tana cin takalmi da rigar sanyi da hannun da ake bukata a gida, akwai kuma tsoron kada yaro ya raina garma ya raina ubansa ya tafi birni. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Jarrabawar da waɗansu majalisu suka yi wa tsofaffin 'yan makaranta shekaru bayan sun bari ta nuna yawancinsu ba su manta karatu ba, ko da yake rubutunsu yana da kurakurai.

Akwai kuma wata riba da kowane uba ya gane. Dokar soja ta 1874 ta ɗora wa samarin da ƙuri'a ta faɗa a kansu hidimar shekara 6, amma mai takardar gama firamare shekara 4 kawai zai yi. Littattafan soja sun zama ma'auni mai kyau: a 1874 kashi 21 cikin 100 na sababbin kurata ne suka iya karatu, a 1913 kuwa kashi 68. Wannan adadi kaɗai ya isa ya nuna cewa samarin Rasha sun yi nisa a hanya tun kafin Lenin ya hau mulki.

Abin da aka karanta

Hujjar Brooks mai sauƙi ce: talaka ba ya ba da kuɗinsa a kan abin da ba ya so. 'Yan koli sun bi ƙauyuka da akwatuna a baya, suna sayar da allurai da hotunan bango da ƙananan littattafai masu shafi kaɗan a kan kobek ɗaya ko biyu. Ivan Sytin, ɗan ƙauye wanda shi kansa bai yi nisa a makaranta ba, ya fara sana'ar ɗab'i a Mosko a 1876, ya zama babban mai buga littattafai a ƙasar ta wurin sayar wa irin waɗannan mutane. Da fari tarihin tsarkaka da littattafan ibada ne suka fi fita. A hankali labaran jarumai da 'yan fashi da na soyayya suka rinjaya. Labarin ɗan fashi Churkin ya yi ta fitowa kashi kashi a wata jaridar Mosko tun daga 1882, wajen 1907 kuwa labaran ɗan sandan ciki Nat Pinkerton suka cika kasuwa, a 1908 aka fara jaridar kobek ɗaya a babban birni.

Gwamnati da Ikilisiya da 'yan boko masu neman canji ba su shiri da juna, amma duk sun haɗu a kan ƙin waɗannan littattafai. Kowannensu ya buga nasa domin ya maye gurbinsu. Shahararren marubuci Leo Tolstoy ma ya haɗa kai da Sytin a tsakiyar shekarun 1880, suka fitar da labaran tarbiyya masu arha. Brooks ya nuna cewa mai karatu na ƙauye ya ɗauki abin da ya yi masa, ya bar sauran. A cikin labaran da aka fi saye ya hangi sabon tunani: mutum yana iya ɗaukaka ta wurin ƙoƙarinsa, tsoron mayu da fatalwa yana raguwa, duniya kuma ta fi ƙauye faɗi.

Mai karatu zai lura cewa littattafan biyu ba su faɗi abu ɗaya ba. Manomin Eklof ya ɗauki karatu kamar garkuwa, domin ya tsare tsohuwar rayuwarsa. Manomin Brooks kuwa karatu ya sake masa zuciya. Ana iya sulhunta su idan aka tuna cewa mutum biyu ne a gidan. Uba ne yake yanke ranar da yaro zai bar makaranta, shi ne Eklof ya saurara. Ɗan ne yake sayen labarin Churkin bayan shekara goma, sa'ad da yake aikin masaƙa a birni, shi ne Brooks ya bi. Uban yana da iko a kan ƙofar makaranta, amma ba shi da iko a kan akwatin ɗan koli. Wanda ya karanta littafi ɗaya ya bar ɗaya ya ji rabin magana.

Inda suka gaza

Aibi na fari ya shafi murya. Manoman nan ba su bar bayanin nufinsu a rubuce ba sai kaɗan. Abin da ake kira tunanin manomi a littafin Eklof an ciro shi ne daga alƙaluma da kuma daga bakin malamai da ma'aikata, baƙi a ƙauyen. Brooks ma daga abin da aka buga yake hango zuciyar mai karatu, alhali mutum yana iya karanta labarin ɗan fashi don nishaɗi kawai ya rufe ya koma ga halinsa na dā. Dukansu sun san wannan, sun kuwa yi hattara, amma waɗanda suka ɗauki maganarsu daga baya ba kullum suke hattara ba.

Na biyu ya fi nauyi. Idan aka ce manomi ya yi lissafi mai hikima, sai a tambaya ko wa ya biya kuɗin hikimar. A ƙidayar 1897, idan aka haɗa manya da yara, kashi 29 cikin 100 na maza sun iya karatu, na mata kuwa kashi 13. A 1911 'yan mata ba su wuce kashi ɗaya cikin uku na 'yan makaranta ba. Lissafin da ya ce sanyi biyu sun ishi ɗa, shi ne ya ce 'ya ba za ta shiga soja ba, ba za ta zauna a taron ƙauye ba, gobe ma gidan wani za ta, don haka ta zauna ta yi kaɗi da reno. Eklof bai ɓoye wannan ba, amma tausayin da yake wa mai gida ya sa hukuncinsa ya yi laushi. Yaro mai kaifin kai da aka cire a aji biyu, shi ma ba a tambaye shi ba.

Na uku shi ne makarantun Ikilisiya. A 1884, ƙarƙashin Konstantin Pobedonostsev, wakilin sarki a majalisar koli ta Ikilisiyar Otodoks daga 1880 zuwa 1905, aka fitar da dokar makarantun majami'u, a 1891 kuma aka miƙa ƙananan makarantun ƙauye ga kulawar firistoci. A farkon ƙarni na 20 yawansu ya haura 40,000. Nufin Pobedonostsev a bayyane yake: yana so talaka ya koyi addu'a da biyayya, kada ya yi sha'awar abin da ya fi matsayinsa. Saboda haka 'yan bokon zamanin suka tsani waɗannan makarantu, su ne kuwa suka rubuta yawancin rahotannin da masana suke dogara a kai. Nauyin littafin Eklof yana kan makarantun zemstvo, ya bar mai karatu da tambaya: nufin mai doka daban, abin da ya faru a ɗakin karatu daban, to, me ya faru a waɗannan ɗakuna dubu arba'in? Makaranta mai arha a ƙauyen da ba wata, ko da mai ita ya kafa ta don ya taƙaita ilimi, yaron da ya fito daga cikinta zai karanta duk abin da ya faɗo hannunsa.

Na huɗu, Rasha daula ce. A 1897 Rashawa na ainihi ba su kai rabin jama'ar sarki ba, littattafan biyu kuwa a kansu suka tsaya. Da sun leƙa gefe da sun sami kwatanci a cikin gida. A lardunan Estland da Livland na bakin tekun Baltik fiye da kashi 75 cikin 100 sun iya karatu a 1897, a lardin Pskov da ke maƙwabtaka kuwa ba su kai kashi 20 ba. Sarki ɗaya ne, gwamnati ɗaya. Bambancin ya fito daga Ikilisiyar Lutaran, wadda ta daɗe tana bukatar yaro ya iya karanta katakisma cikin harshensa kafin a karɓe shi ga Jibin Ubangiji, iyaye mata kuma su ne suke koyarwa a gida, shi ya sa mata ba su kasance a baya ba a can. A ƙasar Otodoks kuwa cikakken Littafi Mai Tsarki cikin harshen Rasha na yau da kullum bai fito ba sai 1876.

A gabas, wajen birnin Kazan, Nikolai Ilminsky ya fara wata makaranta a farkon shekarun 1860 domin 'ya'yan Tatar masu baftisma. Ya rubuta harshen da suke magana da shi, ya sa a fara karatu da shi, malami kuma ya zama ɗan ƙabilar, harshen Rasha ya biyo baya. Dokar 1870 ta karɓi tsarinsa. Wayne Dowler ya ba da tarihin wannan a littafinsa Classroom and Empire na 2001, ya cike wani gurbin da na farko suka bari. Ilminsky ba mai neman 'yancin ƙabilu ba ne, so yake ya ɗaure su ga Otodoks da daula, ya kuma tare yaɗuwar Musulunci a tsakaninsu. Amma harshen da aka rubuta ya zama na masu shi. Mahaifin Lenin, Ilya Ulyanov, mai duba makarantu ne a lardin Simbirsk, ya kuwa goyi bayan makarantar mutanen Chuvash da ta bi wannan tsari. Wata masaniya, Isabelle Kreindler, ta yi rubutu a 1977 tana nuna cewa manufar Lenin game da harsunan ƙabilu tana da saiwa a nan.

Bayan 1917

Ba daidai ba ne a hana gwamnatin Sobiyet haƙƙinta. Dokar 26 ga Disamba 1919 ta umarci duk mai shekara 8 zuwa 50 ya koyi karatu, cikin harshen Rasha ko nasa. A 1930 aka tilasta firamare. Wuraren da tsohon tsari ya bari a baya, watau mata da tsofaffi da al'umman Asiya ta Tsakiya da na Siberiya, nan ne aikinta ya fi bayyana, an kuma shirya wa harsuna da dama baƙaƙen rubutu. Abin da lissafin mai gida ya hana 'yarsa, dokar gwamnati ta ba ta.

Amma darasin Eklof ya sake fitowa ko a nan. A shekarun 1920 ma'aikatar ilimi ta soke rarraba darussa, ta aro dabarun koyarwa daga Amurka, ta ce yara su koyi kome ta wurin nazarin aiki da zaman jama'a. Larry Holmes, a littafinsa The Kremlin and the Schoolhouse na 1991, ya nuna yadda malamai da iyaye suka yi kunnen ƙashi, suka ci gaba da karatu da rubutu da lissafi. A 1931 jam'iyya da kanta ta janye, ta komo ga darussa da horo irin na dā. Gwamnatin da ba ta jin tsoron kowa ma ta kasa sa ɗakin karatu ya zama abin da takarda ta ce.

Akwai kuma abin da alƙaluma ba su ƙirga ba. An karɓe makarantun Ikilisiya a ƙarshen 1917, dokar farkon 1918 ta hana koyar da addini a makaranta. A 1923 ofishin Krupskaya ya aika da jerin littattafan da za a kwashe daga ɗakunan karatun jama'a. Daga ƙarshen shekarun 1920 har 1956 ba a buga Littafi Mai Tsarki a ƙasar ba. Akwatin ɗan koli ya ɓace. Ƙidayar 1937 ba ta gamshi Stalin ba, aka binne sakamakonta, aka kama waɗanda suka shirya ta, aka kashe waɗansu, saboda haka adadin 1939 ma sai a riƙe shi da hattara. Ƙasar ta koyi karatu, amma hukuma ce take zaɓar abin karantawa.

Amfanin kwatantawa

Rasha ƙasa ce mai yawan aro a fannin ilimi. Sarki Bitrus Babba ya kawo malamai daga Birtaniya domin makarantar lissafi da tuƙin jirgi da ya kafa a 1701. Sarauniya Katarina ta Biyu ta aro tsarin Ostiriya a 1786. A 1871 aka cika makarantun sakandare da Latin da Helenanci bisa ga misalin Jamus. Bayan da Sobiyet ta harba tauraron Sputnik a 1957 sai ido ya juya, Amurka ta yi dokar ilimi ta 1958 don ta kamo ta. A 2003 Rasha ta shiga tsarin jami'o'in Turai na Bologna, a 2022 ta ba da sanarwar barinsa. Tun a 1857 malaminsu Konstantin Ushinsky ya yi gargaɗi cewa kowace al'umma tana da tarbiyyar da ta fito daga halinta. Michael Sadler na Ingila ya faɗi makamancin haka a 1900, cewa abin da ke wajen makaranta ya fi abin da ke cikinta tasiri. Nicholas Hans, wanda aka haifa a daular Rasha ya koyar a Landan, ya gina littafinsa na 1949 a kan harshe da addini da ƙasa da tattalin arziki. Zanen aro ba ya rufe katara.

Waɗannan manya sun faɗi ƙa'idar, amma sau da yawa sun tsaya ga maganar halin al'umma, wadda ba ta da ma'auni. Darajar Eklof da Brooks ita ce sun nuna yadda za a auna abin da ke wajen makaranta. Sun ƙirga wanda ya kawo itacen wuta, da watan da aji yake raguwa, da shekarun sojan da takarda take ragewa, da kobek ɗin da aka ba ɗan koli. Littafin Eklof dogo ne, cike da jadawali, yana bukatar haƙuri. Na Brooks ya fi sauƙin karatu, amma ya fi yawan zato. Dukansu sun tsufa ta wajen mata da Ikilisiya da sauran ƙabilu, waɗanda suka biyo baya kuma sun sami shiga ɗakunan ajiyar takardu da aka buɗe bayan 1991. Duk da haka babbar maganarsu tana nan tsaye.

Wanda aka kawo masa rahoton wata ƙasa da ta kawar da jahilci cikin shekara kaza, ko shi minista ne ko ɗan kwamitin wata ƙaramar makaranta, yana da tambayoyin da zai yi kafin ya yi sha'awa. Me iyaye suke yi kafin dokar ta zo? Me yaro yake samu a hannu idan ya gama? Wa aka bari a gida? Bayan an koyi baƙaƙen, akwai abin karantawa, wa kuma yake zaɓarsa? Haka nan idan malami ya ga aji ɗaya cike, aji uku kuwa kujeru ne kawai, yana iya rubuta a rahotonsa cewa mutanen garin jahilai ne, kamar yadda malaman zemstvo suka yi ta rubutawa shekara hamsin. Yana kuma iya zuwa gidan ya zauna da uban yaron ya ji lissafinsa, sa'an nan ya nemi jin ta bakin uwar da 'yar.